Yadda Ake Sabunta Wani Yanki Na Duniyar Minecraft Ba Tare Da An Rasa Gine-gine Ba

Duk wanda ya daɗe yana wasa a duniya guda ta Minecraft ya san yadda kewayen gidansa ke tsufa. An haƙe ƙarfe da gawayi da lu'ulu'u har ƙarƙashin ƙasa ya koma ramuka zalla, an sare dazuzzuka, an kwashe akwatunan tsofaffin kangaye, sannan kamfanin Mojang ya fitar da sabuwar siga mai ɗauke da sababbin abubuwa, amma mutum ba ya ganinsu sai ya yi tafiyar dubban bulo zuwa inda ƙafarsa ba ta taɓa takawa ba. Wani lokaci kuma ɓarna ce kawai, kamar ƙanin da aka ba aron kwamfuta ya zuba TNT a gefen ƙauye, ko wuta ta ɗauke ana tsakiyar ajiye wasa har wani gefen ƙasa ya lalace. Mafi yawan matasan da ke kawo mini irin wannan matsala a nan Yamai sun riga sun yanke shawarar watsar da duniyar su buɗe sabuwa, ni kuwa ina hana su, domin ana iya sabunta wurin da ya lalace shi kaɗai, gida da gona da dabbobi su tsaya yadda suke.

Bayanin da ke tafe ya shafi sigar Java da ake bugawa a kwamfuta, musamman daga 1.18 zuwa 1.21. Masu wasa a waya, waɗanda su ne suka fi yawa a wajenmu, suna da nasu bayanin a ƙasa, amma su ma su karanta tun daga farko, domin tushen aikin ɗaya ne.

Abin da ya kamata ka fahimta kafin ka taɓa komai

Wasan ba shi da wani maɓalli da ake latsawa ƙasa ta sabunta. Abin da ake yi shi ne gogewa. Minecraft ba ya ƙirƙirar duniya gaba ɗaya a rana guda. Yana ƙirƙirar ta ne fegi-fegi yayin da ɗan wasa ke matsowa, kowane fegi faɗin bulo 16 da tsawon bulo 16, daga ƙarshen ƙasa har ƙololuwar sama. Wannan fegin shi ne manhajoji ke rubutawa chunk. Da zarar an ƙirƙiri fegi sai a ajiye shi a fayil, kuma wasan ba zai sake ƙirƙirar sa ba muddin yana samun sa a fayil ɗin. Idan ka goge shi, ranar da ka sake kusantar wurin wasan zai tarar babu komai, sai ya koma ga lambar irin duniyar (seed), wato lambar da wasan ke tsara ƙasar duniyar da ita, ya sake tsiro da ƙasar da dokokin sigar da kake bugawa a yanzu.

Ana tara fegi 32 a kwance da 32 a tsaye, wato fegi 1,024, cikin fayil guda da za mu kira shiyya. Kowace shiyya tana rufe bulo 512 ta kowane gefe, kuma sunanta yana da kama da r.0.0.mca ko r.2.-1.mca. Wannan tsarin ajiya, mai suna Anvil, tun 2012 ake amfani da shi.

Abu biyu ke biyo bayan wannan. Na ɗaya, duk abin da hannunka ya gina a fegin da ka goge ya tafi, har akwatuna da abin da ke cikinsu, domin lambar iri ba ta san da su ba. Na biyu, idan sigar da ta ƙirƙiri wurin da farko ita ce kake bugawa yanzu, ƙasar za ta dawo daidai yadda take a ranar farko, da ma'adinanta da itatuwanta; idan kuwa sigar ta canza, abin da zai fito yana iya bambanta kaɗan ko da yawa.

Kayan aiki

Kana buƙatar kwamfutar da duniyar take ciki, da kile na USB ko faifan ajiya na waje da ke da sarari aƙalla ninki biyu na girman duniyar. Ka nemi linzami na gaske mai ƙaramar taya a tsakiya, domin zaɓen fegi da ɗan allon taɓawa na kwamfutar cinya wahala ne, kuma da shi ake yawan zaɓar abin da ba a yi niyya ba. Ka tanadi takarda da biro don rubuta lambobi. Sai manhajar MCA Selector, wadda ake saukewa kyauta daga shafinta na GitHub. Ba ta da nauyi, ƙaramin kuɗin intanet ya isa, kuma wanda ba shi da intanet a gida yana iya sauke ta a sibar ya ɗauko a kile. Kada ka sauke ta daga wani shafi dabam, domin shafukan da ke sake rarraba irin waɗannan manhajoji sukan cusa musu ƙwayar cuta. Idan babu halin samunta sam, mataki na 4 yana nuna yadda ake yi da hannu.

Abu na ƙarshe shi ne wuta tsayayya. A watannin Afrilu da Mayu, lokacin da zafi ya tsananta kuma wuta ke yawan ɗaukewa, kada ka fara wannan aiki a kwamfutar tebur da ba ta da ondilar, wato akwatin batirin da ke riƙe kwamfuta idan wuta ta ɗauke, kuma idan ta cinya ce ka tabbata batirinta cike yake kuma yana riƙe caji. Fayil ɗin shiyya da wuta ta yanke ana tsakiyar rubuta shi yana iya lalacewa gaba ɗaya, har da fegin da ba ka yi niyyar taɓawa ba.

Mataki na 1: Rubuta siga da lambar iri, ka kwashe kayanka

Shiga duniyar ka rubuta umarnin /seed a wurin hira, ka kwafe lambar da ta fito a takarda, har da alamar ragi idan tana gabanta. A duniyar mutum ɗaya wannan umarni yana aiki ko ba a kunna umarnin gudanarwa ba. A uwar garke kuwa, wato kwamfutar da ke riƙe duniyar da mutane da yawa ke wasa tare a ciki, sai mai izinin gudanarwa. Ka rubuta sigar wasan ma, da jerin duk wani mod, wato ƙarin manhajar da ake ɗora wa wasan, ko kunshin bayanai da ke canza yanayin ƙasa, domin idan an ƙirƙiri duniyar da irinsu sannan aka cire su, ƙasar da za ta dawo ba za ta yi kama da ta kewayenta ba.

Daga nan ka zagaya wurin da za a goge ka kwashe duk abin da kake so. Mutane sukan tuna da akwatuna, amma su manta da karen da suka zaunar a bakin kogi, da doki, da jirgin ruwa mai akwati, da ƴan ƙauyen da suka sha wahalar samun kasuwanci mai kyau a wurinsu. Abin da ke jikin ɗan wasa da abin da ke cikin akwatin Ender ba sa ɓacewa, domin ana ajiye su ne tare da bayanan ɗan wasa, don haka akwatin Ender hanya ce mai kyau ta kwashe kaya masu daraja. Idan gadon da ka kwana a kai na ƙarshe yana cikin yankin, ka je ka kwanta a wani gado a gida.

Mataki na 2: Auna iyakar wurin

Nan ne ya kamata ka ɓata mafi yawan lokacinka. Latsa F3 don lambobin wuri su bayyana. A yawancin kwamfutocin cinya na hannu da ake saye a kasuwanninmu sai an haɗa da maɓallin Fn, in ba haka ba ƙarar sauti ko hasken allo ne zai canza. Lambobi uku za ka gani, X da Y da Z. Y tsayi ne, babu ruwanka da shi, tunda ana goge fegi ne daga ƙasa har sama. Riƙe F3 ka latsa G, sai layukan iyakar fegi su fito a kewaye da kai. Je ka kusurwoyi huɗu na wurin da kake son sabuntawa ka rubuta X da Z na kowace. Sannan ka yi haka ga abin da kake son karewa idan yana kusa, wato katangar gida, da ƙarshen gona, da hanyar dogo, da ramin ajiya na ƙarƙashin ƙasa. Wannan na ƙarshe shi ya fi cin mutane, domin taswira daga sama take nuna ƙasa, kuma ɗakin da ka haƙa a zurfi yana iya miƙewa ƙarƙashin filin da kake ganin babu komai a kansa.

Lissafin ba shi da wuya. Don sanin fegi, raba X da 16, ka raba Z da 16. Don sanin shiyya, raba kowanne da 512. A kullum ana saukowa ne zuwa cikakkiyar lambar da ke ƙasa. Ga misali: kana tsaye a X 1300, Z -700. 1300 a raba da 512 ya ba da 2 da ɗoriya, sai ka ɗauki 2. -700 a raba da 512 ya ba da -1 da ɗoriya, kuma lambar da ke ƙasa da ita ita ce -2, ba -1 ba. Saboda haka fayil ɗinka shi ne r.2.-2.mca, wanda ya rufe X daga 1024 zuwa 1535, da Z daga -1024 zuwa -513. Kuskuren lambobin ragi ya sa mutane da yawa sun goge shiyyar maƙwabta, wadda sau da yawa ita ce ta gidansu. Ka tuna cewa ko X -1 ne, yana cikin shiyya -1. A sababbin sigogi layin Chunk na allon F3 yana rubuta sunan fayil ɗin shiyyar da kake tsaye a kai, sai ka gwada shi da lissafinka.

Ka bar rata. Ni ina barin aƙalla fegi biyu tsakanin ginin da nake so da wurin da zan goge, domin itatuwa da tafkuna da ƙauyuka ba su san iyakar fegi ba, kuma sabuwar ƙasa tana iya zubo ruwa ko narkakken dutse zuwa tsohuwa.

Mataki na 3: Fita daga wurin, rufe wasa, ka yi kwafin ajiya

Mayar da ɗan wasanka gida kafin ka fita. Wanda ya fita yana tsaye cikin ramin da ya haƙa, idan ya dawo zai sami kansa cikin dutse yana shaƙewa. A uwar garke ka sanar da abokan wasa tun kwana ɗaya ko biyu kafin ranar, kowa ya kwashe kayansa ya bar wurin.

Don kwafin ajiya, a jerin duniyoyi ka zaɓi taka ka latsa Edit, ko Modifier idan wasanka da Faransanci yake, inda za ka sami maɓallin yin kwafi da maɓallin buɗe dosiyen duniyar. Ko kuma ka latsa maɓallin Windows tare da R, ka rubuta %appdata%\.minecraft\saves ka shiga. A Linux dosiyen yana ~/.minecraft/saves, a Mac kuma yana ~/Library/Application Support/minecraft/saves. Rufe wasan gaba ɗaya, ba komawa allon farko kawai ba. Idan uwar garke ce, rubuta stop ka jira ta gama ajiya ta tsaya da kanta. Sannan ka kwafe dosiyen duniyar dungurungum zuwa kile, ka sa masa kwanan wata a suna, ka buɗe kwafin ka tabbata level.dat da dosiyen region suna ciki kuma girmansa ya yi daidai da na asali. Kwafin da yake zaune a faifai ɗaya da na asali bai isa ba, musamman a tsohuwar kwamfutar da ƙurar hunturu da zafi suka riga suka gajiyar.

Abin da na fi so ma shi ne a yi aikin farko a kan kwafi: ka sake kwafe dosiyen cikin saves da wani suna, ka gwada gogewar a kansa, ka shiga ka duba, sai abin ya yi maka ka maimaita a kan na gaskiya.

Mataki na 4: Gogewa da hannu, ga wanda ba shi da manhaja

Wannan hanya ta dace ne kawai idan shiyyar gaba ɗaya, bulo 512 ta kowane gefe, ba ta ɗauke da komai naka. A cikin dosiyen duniyar za ka ga dosiye uku da suka shafe ka. Region yana riƙe da bulo da akwatuna. Entities, wanda aka ware tun siga 1.17, yana riƙe da dabbobi da dodanni da ƴan ƙauye da kayan da suka zube a ƙasa. Poi, wanda ya zo da 1.14, yana riƙe da rajistar gadaje da wuraren sana'ar ƴan ƙauye da amyar zuma da ƙofofin Nether, wato duniyar wuta ta wasan. Fayil mai suna ɗaya, misali r.2.-2.mca, yana iya kasancewa a duka ukun, kuma dole ne ka cire shi a duk inda ka same shi. Wanda ya cire na region kaɗai zai tarar da tsofaffin dabbobi maƙale cikin sabon dutse, ko ƴan ƙauye suna neman gadon da babu shi, ko ƙofar Nether tana kai shi inda bai nufa ba. Idan ba ka sami fayil ɗin a entities ko poi ba, babu damuwa, ma'anarsa ba a taɓa ajiye komai na irinsu a shiyyar ba.

Maimakon gogewa kai tsaye, ka yanke fayilolin ka ajiye su a wani dosiye a wajen duniyar, ka raba su gida uku kamar yadda suke, domin sunansu ɗaya ne kuma za su danne juna idan ka zuba su wuri guda.

Mataki na 5: Gogewa fegi-fegi da MCA Selector

Buɗe manhajar, ka shiga File ka zaɓi Open World, ka nuna mata dosiyen duniyar, sannan ka zaɓi ko duniyar sama kake so, ko Nether, ko End. Taswira za ta fara bayyana a hankali; a kwamfuta mai rauni ka ba ta lokaci ta gama zanawa. Tayar linzami ke matso da taswira ko nisanta ta, riƙe tayar kuma ke jan ta gefe. A View akwai Goto, inda za ka rubuta lambobin da ka ɗauka a mataki na 2 ta kai ka wurin.

Latsa maɓallin hagu ka ja don zaɓen fegi, waɗanda ka zaɓa za su canza launi. Maɓallin dama ke cire zaɓi. Ka kula sosai da wannan: idan ka nisanta taswira da yawa, latsawa ɗaya shiyya guda take zaɓa ba fegi ɗaya ba, saboda haka ka matso har sai ka ga ƙananan murabba'ai kafin ka fara. A ƙasan allo manhajar tana nuna lambobin wurin da linzami yake da adadin fegin da aka zaɓa. Gwada adadin da lissafinka: wuri mai bulo 160 ta kowane gefe fegi 100 ne ko ɗan sama da haka, idan ka ga dubbai to akwai wani zaɓi da ka yi bisa kuskure a wani gefen taswirar da ba ka gani. Ka nisanta taswira ka duba ko'ina kafin ka ci gaba.

Idan ka gamsu, shiga Selection ka zaɓi Delete selected chunks, ka amsa tambayar tabbatarwa. Manhajar tana cire fegin a region da entities da poi a lokaci guda, wanda shi ne babban dalilin da ya sa na fifita ta a kan aikin hannu. Ba ta da komawa baya. Kile ɗinka shi ne komawa bayanka.

Idan ƙauye ne ko wani babban kango kake son ya dawo, ka zaɓe shi duka tare da rata mai yalwa. Irin waɗannan gine-gine suna farawa ne daga fegi ɗaya su bazu zuwa na kewaye, kuma wasan ba ya rubuta komai a tsohon fegin da ka bari, don haka rabin gida ko rabin titi za ka samu idan iyakar zaɓinka ta ratsa ta tsakiyarsu.

Mataki na 6: Share duk inda aka ratsa kawai, don sababbin abubuwa su matso kusa

Wannan ya shafi wanda ba ɓarna yake gyarawa ba, sabuwar siga yake son gani kusa da gida. Siga 1.19 ta 2022 ta kawo fadamar itatuwan mangrove da tsohon birni na can ƙarƙashin ƙasa. Siga 1.20 ta 2023 ta kawo kurmin ceri da kangayen da ake tonawa da buroshi, da raƙumi, wanda a lokacin ba a samun sa sai a ƙauyukan hamada da aka ƙirƙira bayan fitowar sigar. Yara da yawa a nan sun yi ta zagaya tsofaffin ƙauyukansu suna nemansa a banza. Siga 1.21 ta 2024 ta kawo ɗakunan gwaji. Duk waɗannan gine-gine da yanayin ƙasa a sabon fegi kawai suke fitowa.

Kowane fegi yana riƙe da wata lamba mai suna InhabitedTime, wadda ke ƙirga tsawon lokacin da ƴan wasa suka yi a kusa da shi. Ana ƙirga ta da bugun wasa, bugu 20 a daƙiƙa ɗaya, wato 1,200 a minti ɗaya, 6,000 a minti biyar. Wurin da ka ratsa da doki sau ɗaya lambarsa ƙarama ce, wurin da ka yi gini kuwa babba ce. Shiga Tools ka zaɓi Filter chunks, ka sa InhabitedTime ya fi minti biyar ko goma, ka zaɓi Select, kada ka zaɓi Delete, ka ƙara ratar zaɓi ta fegi uku ko huɗu. Abin da ya haskaka shi ne abin da za ka kare. Duba taswira da idonka, ka ƙara da hannu duk abin da tacewar ta tsallake, musamman doguwar hanyar dogo ko gadar da aka shimfiɗa da sauri, da ƙaramar bukkar da aka kafa a tafiya, da ginin da aka liƙa da umarni daga nesa. Sannan a Selection ka zaɓi Invert, zaɓin ya juye zuwa sauran duniya, ka goge. Ban da sababbin abubuwa, duniyar za ta ragu sosai a girma, abin da ke sauƙaƙa tura ta ga aboki.

Mataki na 7: Shiga ka duba

Buɗe wasan da sigar da kake son ta ƙirƙiri ƙasar, kuma kada ka taɓa buɗe duniya da sigar da ta girmi wadda aka buga ta da ita a ƙarshe, domin hakan yana lalata ta. Fara duba gida da dabbobi da akwatuna, sannan ka nufi wurin a hankali. Kwamfuta za ta ɗan yi nauyi yayin ƙirƙira. Rage nisan gani zuwa fegi 6 ko 8 idan tana ciccijewa. Bi iyakar ka zagaya. Za ka iya ganin itacen da aka yanke rabi, ko ramin haƙa da ya ƙare a bango, ko ruwa yana zuba. Waɗannan gyaran hannu ne na ƴan mintuna. Taswirar takarda da ka rataye a bango za ta ci gaba da nuna tsohon wuri sai ka riƙe ta ka sake ratsawa.

Idan ka tarar da katanga miƙaƙƙiya tsaye kamar an yanka ƙasa da wuƙa, to dokokin ƙirƙira ne suka bambanta. Siga 1.18, wadda ta fito a ƙarshen Nuwamba 2021, ta sauya ƙasa gaba ɗaya, ta faɗaɗa tsayi ya zama daga -64 zuwa 320, ta kuma zo da dabarar saje tsohuwar ƙasa da sabuwa, don haka iyakar fegin da aka ƙirƙira kafin 1.18 yawanci tana fitowa da laushi. Katanga mai kaifi a duniyar da aka fara bayan 1.18 alama ce ta cewa lambar iri ta canza, ko an cire wani mod na ƙasa. Sake rubuta /seed ka gwada da takardarka. Idan ba su yi daidai ba, rufe wasan ka dawo da kwafin ajiya kafin ka bincika dalili.

Nether da End

Fayilolin Nether suna cikin DIM-1, na End suna cikin DIM1, kowanne da nasa region da entities da poi. A uwar garke irin Paper ko Spigot suna cikin dosiye dabam, world_nether da world_the_end. Wanda duniyarsa ta girmi siga 1.16 ta 2020 zai amfana da sabunta Nether, domin a nan ne aka kawo netherite da sababbin dazuzzuka da ganuwar piglin. Idan babu gini a ciki, ana iya cire DIM-1 gaba ɗaya, wasan zai ƙirƙiri sabuwar ƙofa a can ranar da ka shiga ta ƙofarka ta sama.

A End, abin da aka fi nema shi ne biranen tsibiran waje, waɗanda ke farawa kimanin bulo 1,000 daga tsakiya, su dawo da fukafukan elytra bayan abokai sun kwashe na kusa. Ka bar shiyyoyi huɗu na tsakiya, r.0.0 da r.0.-1 da r.-1.0 da r.-1.-1, ka kuma bar fegin da ƙananan ƙofofi ke sauke ka a kansu a tsibiran waje, ka goge sauran. Kada ka goge tsibirin tsakiya don neman dodon End, wato Ender Dragon, ya dawo, domin labarin yaƙinsa ba a fayilolin shiyya yake ba; hanyar dawo da shi ita ce ɗora lu'ulu'un End huɗu a gefuna huɗu na ƙofar fita.

Idan wurin ƙarami ne, ko ba ya bin iyakar fegi

Wanda ke da WorldEdit, wato mod na gyaran ƙasa da umarni, a uwar garke ko ta Fabric, manhajar da ke ɗora mod a wasan, yana iya yin aikin daga cikin wasa. Rubuta //wand ka karɓi gatarin katako, ka bugi kusurwa ta farko da maɓallin hagu, ta biyu da na dama, ka rubuta //expand vert idan kana son zaɓin ya kai sama da ƙasa, sannan //regen. Idan bai yi maka ba, //undo zai mayar, muddin ba ka fita daga wasan ba. Ya fi dacewa da ramin fashewa ko gefen dutsen da aka ɓata. Wuri mai faɗi yana iya tsayar da kwamfuta mai rauni, sai a yi shi kashi-kashi.

Masu wasa a waya

Sigar waya, wato Bedrock, ba ta amfani da fayilolin mca. Tana zuba komai ne cikin dosiye mai suna db, kuma goge fayil ɗaya a cikinsa da hannu yana lalata duniyar baki ɗaya, don haka kada ka gwada. MCA Selector ma ba ta karanta shi. Manhajar Amulet ce ke buɗe irin wannan duniya a kwamfuta, ta ba ka damar zaɓen fegi ka goge. Idan wurin ajiya a saitin wasan yana kan na waje, duniyoyin suna Android/data/com.mojang.minecraftpe/files/games/com.mojang/minecraftWorlds. Sababbin wayoyin Android sukan hana shiga wannan wuri daga cikin waya, amma haɗa ta da kwamfuta ta igiyar USB yakan buɗe shi. Sunayen dosiyoyin haruffa ne barkatai, buɗe levelname.txt a kowanne ka ga sunan duniyar. Kwafe dosiyen sau biyu zuwa kwamfuta, ka yi aiki a kan ɗaya ka bar ɗaya, ka rufe wasan a waya sarai kafin ka mayar da wanda ka gyara. Kunna nuna lambobin wuri a saitin duniyar ya maye gurbin F3, lissafin rabawa da 16 kuma bai canza ba.

Masu buga Luanti, wanda aka sani da Minetest kafin Oktoba 2024 kuma yake tafiya lafiya a tsofaffin kwamfutoci, nasu ya fi sauƙi: mai izinin gudanarwa ya tsaya a wurin ya rubuta /deleteblocks here tare da nisan da yake so, ƙasar ta sake fitowa yana kallo. Can ma sai an kwafe dosiyen duniyar tukuna, domin umarnin ba shi da komawa baya.